Littafinmu Yana Bayan Darni

Ranar addu'ar bakwai ta Ilu, ƙanena, wanda kuke kira Baba Ilu, wani dattijo ya ce wa jama'a su yi koyi da Isuhu, wanda ya riƙe ɗan'uwansa har ya shigar da shi teyatur, wato wasan kwaikwayo, a lokacin da kowa ke gudunsa. Mutane suka juyo suna kallona suna gyaɗa kai. Ku 'ya'yana maza kuna wurin, na ga kun ji daɗi. Na sunkuyar da kai aka ɗauka kawaici ne. Na so in tafi kabari da wannan yabon, sai ga shi 'yar'uwarku Nana ta kira ni daga Maraɗi. Ta ce likita ya duba ɗanta Nasiru, ya ce abin da ke gare shi ana kiransa otizim, shi ya sa ba ya kallon ido, shi ya sa yake maimaita maganar talabijin maimakon ya amsa tambaya. Ta ce akwai wasu matasa da ke tara yara ranar Asabar, masu irin halin Nasiru da marasa shi, suna wasan kwaikwayo da zane tare, amma mijinta ya ce ba ya so a mayar masa da ɗa abin kallo. Ta tambaye ni yadda na yi da Baba Ilu. Na kasa amsawa a waya, shi ya sa na sa aka sayo mini kaye da bik, littafin rubutu da alƙalami ke nan. Lakwal ɗina, wato bokon da na yi, aji huɗu ne, ku yi haƙuri da rubutun.

Ilu bai yi magana ba sai da ya kai shekara biyar, kuma da ya fara, ba tasa ya fara ba. Maganar mutane yake ɗauka ya mayar, da muryarsu, da tarinsu, da inda suka ja numfashi. In yana jin ƙishirwa ba ya cewa a ba shi ruwa, sai ya ce, da muryar Inna, kana son ruwa? Ba ya son a taɓa shi. In aka buga ganga kusa sai ya toshe kunnuwa ya yi ta rangaji. Yana da wurin zamansa ɗaya a gindin gawon ƙofar gidanmu, nan yake wuni yana tufka igiyar kaba, kuma duk ƙauyenmu, da ke tsakanin Atantane da Mayahi, babu mai igiya irin tasa. Wasu suka ce iska ce ta shafe shi, wasu suka ce maye ne ya kama kurwarsa. An yi turare, an sha rubutu, bai sake ba. Abin da ya fi jawo masa duka shi ne kwaikwayo. Baba zai yi wa baƙo magana, sai a ji muryar Baba ta sake fitowa daga gindin gawo, kalma bayan kalma. A wurinmu ɗa ya kwaikwayi ubansa gaban mutane zagi ne, Baba kuwa mutum ne mai zafin zuciya. Inna ce ke shiga tsakani, ita kuma ta rasu a farin farko, shekarar da shanun mutane suka ƙare.

Bayan sojoji sun karɓi mulki aka farfaɗo da samariya, ƙungiyar matasa, a kowane gari, aka ce matasa su riƙa aikin gayya da wasanni. Ni na iya kwaikwayon mutane tun ina yaro, don haka aka ba ni shugabancin teyatur. Ba mu da rubutu. Za mu zauna mu shirya labari, a ce kai ne uba, kai ne maigari, sauran magana kowa ya ƙirƙiro tasa a fili. Rawar da ta yi mini suna ita ce ta wawan gida. Ga abin da ban taɓa gaya muku ba: tafiyar Ilu nake yi, da yadda yake karkaɗa yatsu gaban fuska, da yadda yake kallon gefe. Duk garin sun san wa nake nufi, kuma dariyar da ake yi ta fi ta kowa. Shi kuwa na hana shi shiga filin da muke gwaji, don kada ya ba ni kunya. Sai ya ɗauko kabarsa ya zauna bayan darnin filin, kullum bayan la'asar, yana tufka. Na ɗauka inuwa yake bi.

Sai fari na biyu ya zo. Hatsi ya fito ya tsaya iya gwiwa ya ƙone. Rumbunanmu biyu muka share har ƙasa, mata suka shiga daji ɗibar anza, wadda sai an jiƙa ta kwana da kwanaki ana sake ruwa kafin ɗacinta ya fita. Ranar da aka kawo hatsin agaji, a ƙofar gidanmu aka tsayar da mota don nan ne fili. Wani soja ya daka tsawa ya ce a koma baya a yi layi ɗaya. Bai rufe baki ba sai tsawar ta sake tashi daga gindin gawo, muryarsa sak, har da kakin da ya yi a ƙarshe. Mutane suka ruɗe suka fara ja da baya ta wancan gefen, da suka gane kuma wasu suka fashe da dariya. A waɗannan shekarun an ɗauki mutane a kan abin da bai kai wannan ba. Maigari ya wuni yana ba da haƙuri kafin aka yarda cewa yaron ba shi da lafiya. Ina cewa yaro, amma lokacin Ilu ya haura ashirin, da gemunsa.

Da ma Baba ya yanke shawarar kwashe gida mu tafi kudu wajen danginsa, ta hanyar Katsina, har damina ta dawo. Washegarin abin soja ya kira ni zaure. Ni ne ɗan fari, ba ya faɗin sunana.

"Kai wannan, bakin ƙanenka zai sa a kwashe mu duka. Ba ni tahiya da shi cikin baƙin mutane."

Ya ce akwai wani mai magani can bayan Gidan Amumune da ke ajiye irin su Ilu a gidansa. Na san gidan, kowa ya san shi, an san wasu na zaune da mari a ƙafa. Baba ya ce ajiya ce kawai, in mun dawo mu ɗauko shi, kuma ni zan kai shi da amalanke. Ban yi gardama ba. Abin da kawai na roƙa shi ne a jira a gama gasar teyatur da za a yi a Mayahi, don garin da ya yi na ɗaya shi za a kai babban biki. Baba ya yarda. Kwana ashirin ke nan suka rage wa Ilu a gida, kuma lissafin gasar ne ya ba shi su, ba tausayina ba.

Wasan da aka ce kowane gari ya shirya shi ne na kira ga mutane kada su gudu, su tsaya su yi noman rani. Namu labarin wani gida ne da ke shirin ƙaura, suna rarraba kayansu ajiya wurin maƙwabta. Kalmar Baba ta tsaya mini a kai, sai na ga za ta yi daɗi a fili. Na ƙara wuri inda za a ba da turmi ajiya, a ba da akuya, sannan a ba da wawan gida, ni kuma in biyo su ina karkaɗa yatsu ina cewa ni ba turmi ba ne da za a ba da ni ajiya, ni ɗan gidan nan ne. Ranar da na fara yi, 'yan wasa suka yi ta birgima don dariya. Ilu yana bayan darni.

Dokar lokacin ita ce sai hukuma ta ga wasa kafin a nuna shi. Aka turo mana wani ma'aikaci daga ofishin kumandan mai mulkin yankinmu, ya zauna kan kujera a filinmu ya kalla daga farko har ƙarshe. Ya ce ya yarda, amma da sharaɗi: abin da ya ji yau shi za a ji a Mayahi, ba ƙari ba ragi, don a bara wani gari ya sako habaici kan rabon agaji ranar gasa, an kwana biyu ana neman shugabansu. Ya ce shi yana da kunne, kuma zai zo. Da ya tafi muka dubi juna. Ba mu taɓa yin wasa ɗaya sau biyu iri ɗaya ba. Washegari muka gwada, kowa ya rantse abin da ya faɗa ke nan jiya, wani ya ce ƙarya ne. Na sayi kaye na zauna in rubuta, na yi kwana uku ban cika shafi biyu ba, kuma abin da na rubuta ma ba shi aka faɗa ba.

Uwarku Barira lokacin shekararta biyu a gidan. Kun san akwai wasa tsakanin matar wa da ƙanen miji, to ita ta ɗauki wasan nan da gaske, ba ta ce don Ilu ba ya ramawa za ta fasa ba. Angona take kiransa. In ta wuce ta gindin gawo sai ta ce angona ya fi yayansa kyau, sai dai rowar magana. Ita kaɗai ce a gidan ke jefa masa magana ba don umarni ko faɗa ba, kuma ita ta fara lura cewa in ya ce mata angona ka ci abinci, yunwa yake ji, in ya ce rufe ƙofa iska na shigowa da muryar Inna, tsoro yake ji. Ta sha gaya mini, ina cewa ta cika son labari. Rana ta uku ina zaune da kaye a tsakar gida tana sake wa anza ruwa, na yi ta maimaita farkon wasan ina neman abin da ya biyo baya. Sai ta ɗaga murya ta jefa maganar da nake maimaitawa waje wajen gawo, cikin tsokana. Amsa ta dawo da muryar wanda ke yin uba a wasan. Ta dube ni, ta sake jefa ta gaba, yadda ta ji ina faɗa. Daga nan bai jira ta ba. Ya ɗauko wasan gaba ɗaya, mutum bakwai a baki ɗaya, har da gyaran muryar ma'aikacin nan da kukan akuyar da ta ratsa fili ranar. Na tsaya da bik a hannu har ya kai wurin wawan gida. Nan na ji muryata tana kwaikwayonsa, daga bakinsa.

Barira ta zubar da ruwan anza, ta goge hannu a zane.

"Malam, kayenka na bayan darni tun bara, kai kana sayen na kanti."

Na ce mata wannan ba hankali ba ne, kwaikwayo ne kawai. Ba ta saba mayar mini da magana ba, amma ranar ta mayar.

"To mi sunan abin da kuke yi a hilin? Kai a tafa maka don kwaikwayo, shi a dake shi don kwaikwayo."

Kada ku ɗauka zuciyata ce ta karye na shigo da shi. Buƙata ce. Ina son zuwa babban biki, ina kuma tsoron ma'aikacin nan. Ranar farko ma ba ta yi kyau ba. Na kamo hannunsa na ja shi cikin fili, Gambo makaɗinmu ya saki kalangu don maraba, Ilu ya ƙwace ya toshe kunnuwa ya ruga gida, bai fito ba sai washegari. Barira ce ta tsara mana yadda za a yi, ta bakina, tunda ba ta zuwa filin. Kada a taɓa shi. A ɗauko tabarmarsa da kabarsa a shimfiɗa a wuri ɗaya kullum. A fara da zarar an sallame la'asar, ba jinkiri. Kada a ce ya kalli mutane. In yana rangaji a ƙyale shi. Aka buɗe darni ta inda ya saba zama, aka ja tabarmar taku ɗaya ciki, gobe taku biyu. Gambo aka mayar da shi can ƙarshen fili aka ce ya rage hannu. Ya yi fushi, ya ce tun kakansa suke kiɗa, ba a taɓa cewa su yi wa kalangu raɗa ba sai a zamanin Isuhu. Amma bai tafi ba.

Cikin kwana biyar Ilu na tsakiyarmu. Ba ya ɗaga kai daga igiya, amma da mutum ya kauce da kalma ɗaya sai a ji daidai ɗinta ta fito da muryar mai ita. Ba gaba, ba dariya, zai yi ta maimaitawa har sai ka faɗa yadda take. Samarin da ke jifansa da tsakuwa suna yara suka koma juyawa suna tambayarsa. Gambo ya sa masa suna Mushe, kamar malamin lakwal, yana cewa Mushe ya fi ma'aikacin kumandan tsanani, shi ko goro ba ya karɓa. Wata rana Gambo ya makara, sai muka ji Ilu ya yi kukan kalangu da baki a daidai inda kiɗan ke shigowa, a hankali, yadda kunnensa ke so. Gambo ya iso ya tarar, ya tsaya ya saurara, daga ranar ya riƙa kiɗa da wannan nauyin ba tare da an roƙe shi ba.

Ni ne abin ya yi wa wuya. Yin wawan gida mai shi na bayan darni daban, yin sa yana zaune taku uku da kai daban. In na ɗaga yatsu zan karkaɗa sai in ga nasa yatsun a kan kaba. Na fara ragewa, 'yan wasa suka ce na lalata wurin da ya fi daɗi. Ilu bai taɓa gyara mini motsi ba, magana kawai yake tsaro.

Saura tafiya Mayahi, kuma Ilu bai taɓa fita gari ba. Barira ta ce a yi masa gwajin tafiyar kamar yadda muke gwajin wasa. Kowace safiya sai in ɗaura jaki a amalanke, ta gaya masa da kalmomi iri ɗaya: za mu hau, za mu je, za mu dawo gida. Ranar farko bakin rijiya muka kai, sannan bayan gari, sannan har gulbi inda kaba take. Za mu dawo gida ɗin nan ya riƙe, yana faɗinta duk hanya. Baba ya ga ana yi, ya ce madalla, yanzu kai shi wurin mai magani ba zai yi wuya ba. Barira ta ji, ta shiga ɗaki, ranar ba ta yi mini magana ba.

A Mayahi da rana aka yi, a wani fili da aka kewaye da zana, jama'a cike, manya a kan kujeru, ma'aikacin nan a gaba. Na gaya wa masu tsari cewa mai tufkar igiya yana cikin kayan wasanmu, ba zai ƙara magana ba. Muka shimfiɗa masa tabarma a kan dandali, na miƙa masa audugar da Barira ta ba ni tun gida ya sa a kunne, ya ja hula. Sau biyu aka kauce, sau biyu ya mayar da mu hanya da ƙarfi, mutane suka ɗauka cikin wasan ne suka tafa. Da aka zo wurin ajiya, aka ba da turmi, aka ba da akuya, jama'a sun fara dariya tun kafin in fito. Na fito na ga Ilu a gefena, na hango Baba cikin mutanen garinmu. Hannuwana suka ƙi tashi. Na tsaya cak, na faɗi maganar da muryata ta gida, ba ƙari ba ragi. Ba wanda ya yi dariya. Wurin ya mutu a hannuna, muka ƙarasa da ƙyar. Ma'aikacin ya ce ba mu saɓa doka ba. Alƙalai suka ce wasanmu ba gishiri, wani gari ya tafi biki. A hanyar dawowa ba mai yi mini magana sai Ilu, da ke cewa za mu dawo gida.

Kwana biyu bayan haka, da hantsi, Baba ya sa aka ɗaura jaki. An ƙulle wa Ilu riguna biyu da tabarma. Baba ya ce wa Barira ta gaya masa abin da ta saba gaya masa don ya hau. Ta durƙusa ta ce ya gafarce ta, ba ta iya cewa za mu dawo gida alhali ba haka ba ne. Ni na faɗa. Ku rubuta wannan a zukatanku: ni na faɗa. Ilu ya tashi daga gindin gawo, ya zo har bakin amalanke, ya ga ƙullin kayansa, wanda ba a taɓa ɗorawa ba a gwajinmu. Ya tsaya. Ya fara rangaji. Sannan, yana kallon ƙafar jaki, ya ce:

"Ni ba turmi ba ne da za a ba da ni ajiya. Ni ɗan gidan nan ne."

Muryata ce, amma ba ta wawan gida ba, wadda ya ji sau talatin ko fiye. Ta Mayahi ce, wadda ya ji sau ɗaya tak. Mutumin da ba ya yarda a sake kalma ɗaya, yana da guda biyu a ajiye, ya ɗauko wannan.

Baba ya ce kwaikwayo ne, a ɗora shi. Na ji bakina na cewa:

"Baba, maganar garin nan duka tana cikin kanshi. Wagga ya zaɓa."

Na sauke ƙullin na miƙa wa Barira. Na roƙi Baba mu tafi kudu da shi, ni zan tsare shi, ya ƙi. Na ce to ni zan zauna da shi. Ban taɓa ƙin maganar Baba ba sai ranar, kuma ban yi ta da kyau ba. Bai yi faɗa ba. Ya dube ni ya ce tunda na zama uban gidan, in riƙe. Bayan kwana uku ya tafi da sauran iyali, na raka su har bayan gari ina jira ya juyo ya sa mini albarka, bai juyo ba. Kafin ruwan farko ya sauka aka aiko cewa ya rasu can. Wannan shi ne kuɗin abin, kuma har yau ban gama biya a zuciyata ba. Ba na so ku ɗauke shi mugu. Mutum ne da fari ya ci matarsa da shanunsa, yana tsoron soja ya ci sauran.

Ranin nan mun sha wuya. Anza da garin rogo suka riƙe mu, uwarku ta rame har awarwaro na zamewa daga hannunta. Muka shiga cikin masu haƙa rijiyoyin lambu a gulbi, kamar dai yadda wasanmu ya ce, kuma kusan duk gugan da ya shiga rijiyoyin nan da igiyar Ilu ya shiga. Teyatur bai tsaya ba. Ilu ya zama littafinmu shekara da shekaru, tabarmarsa na kan dandali a kowane wasa, har ya zamana in babu mai igiya mutane na tambaya ko lafiya. Daga baya muka riƙa ba shi maganarsa shi kaɗai, gajeriya, yana faɗinta daidai lokacinta, bai taɓa kuskure ba. Wata mata daga wani ƙauye ta ji labari ta kawo ɗiyarta wadda ba ta magana sam amma tana zane a ƙasa da tsinke. Muka ba ta gawayi da farar ƙasa, ita ta riƙa zana mana rijiya da rumbu a jikin buhunan da muke ratayawa a baya. Ba mu san sunan abin da ke gare su ba. Mun dai koyi a rage kiɗa, a tsayar da lokaci, a bar mutum da tabarmarsa. Bai warke ba, don ba na jin ciwo ne irin wanda ake warkewa. Har tsufansa in aka sake masa wurin ƙwarya sai gidan ya rikice. Wawan gida kuwa ban sake yin sa ba.

Akwai abin da ban zata ba. Wata safiya bayan rasuwar Baba ina fita gona, sai na ji daga gindin gawo, kai wannan, ka ba jakin nan ruwa? Na saki hauya. Muryar Baba ce, ta ranakun da yake cikin daɗin rai. Da na kai Ilu ajiya, da ita ma na kai. Ku da ba ku ga kakanku ba kun san muryarsa, kun san ta Inna, kuma bayan uwarku ta rasu kun ci gaba da jin angona ka ci abinci har shekara tara. Duk a wurinsa. Albarkar da na jira a bayan gari ban samu ba, amma na samu shekara talatin da wani abu ina jin ubana yana tambayata jaki, kuma kullum sai na amsa.

To Nana, ga amsarki. Ba ni na shigar da Baba Ilu teyatur ba. Uwarki ce ta ji shi, shi kuma ya shigar da kansa tun yana bayan darni. Ki karanta wa mijinki wannan. Ki gaya masa tsoronsa na da tushe, don na san yadda ake mayar da mutum abin kallo, ni na yi. Ya je ya duba da idonsa: in dariya ake yi wa yaran, ya ɗauko ɗansa, in kuwa an rage kiɗa saboda su, ya bar shi. Ke kuma ki daina ƙirga maganar da Nasiru bai yi ba, ki saurari wadda yake zaɓa daga talabijin ɗin, da lokacin da yake zaɓenta.

Na aika a gaya wa mai mota ya ajiye mini wuri ranar Juma'a. Akwai sauran igiya ɗaya ta Ilu da bai gama tufkawa ba, zan taho wa Nasiru da ita, ko zai so abin riƙewa a hannu. Ranar Asabar ku shiga da shi. Ni ba sai an ba ni kujera ba. In wurin na da darni, a bayansa zan zauna in saurara.